Adireshin Majalisar Ikko

Duk Bahaushen da ya zauna Jidda daga wajen 1955 zuwa ƙarshen shekarun saba'in, in dai yana da wanda yake aika wa gaisuwa a gida, ya san Abdulghani Katibi. Wurin zamansa yana jikin bangon gidan waya, inda inuwa take kaiwa har azahar. Akwatin katako ne ya kifa ya mai da shi tebur, da kwalbar tawada, da tabarma inda mai son a rubuta masa wasiƙa zai zauna. Ni maƙwabcinsa ne a unguwar Sharafiyya shekara goma sha ɗaya, kuma abin da zan faɗa daga bakinsa na ji shi.

A Jidda aka haife shi. Iyayensa, Bawa da A'i, Gobirawa ne da suka taso da ƙafa don sauke farali, suka shekara huɗu a hanya, da suka iso kuma komawa ta gagara. Bawa ya yi ta ɗaukar ruwa a garwa yana kai wa gidajen cikin gari har ya rasu a 1950. Abdulghani ya yi karatun allo, ya iya Larabci kamar kowane ɗan Jidda, ya iya ajami wajen uban, baƙaƙen boko kuma wani ma'aikacin tashar jirgin ruwa ɗan Sudan ya koya masa. Da waɗannan ukun ya ci abinci duk rayuwarsa. Cikin wasiƙa ajami, bayan ambulan boko, in takardar hukuma ce Larabci.

Yana da wa guda da bai taɓa gani ba. Da iyayen za su taso, sun bar ɗansu na fari, Usuman, yana shekara huɗu, a hannun kakarsa. A'i ba ta kama sunansa, kamar yadda uwa ba ta kama sunan ɗan fari. In dole ta yi zancensa sai ta ce “yayanka”, ta sauya magana. Saboda haka Abdulghani ya girma bai san komai game da shi ba sai suna.

A aikin hajjin 1958 wani alhaji ɗan kasuwar goro ya zauna a tabarmar Abdulghani. Hira ta kawo hira, alhajin ya ce ai ya san wani Usuman Bagobiri da ke aikin masinja a Majalisar Wakilai a Ikko, kuma ya taɓa jin ya ce iyayensa sun tafi gabas tun yana ƙarami ba su dawo ba. Abdulghani ya ce da ya ji haka alƙalami ya faɗi daga hannunsa. Ya naɗe tabarma da rana tsaka ya nufi gida.

A'i tana tsince shinkafa lokacin da ya faɗa mata. Ba ta ɗago kai ba. Sai can ta ce, “To, ka rubuta.”

“Inna, me zan ce masa?”

“Ka ce ana gaishe shi.”

Ya rubuta fiye da haka, amma ba da yawa ba: daga mahaifiyarka A'i wadda ta tafi gabas, da ƙanenka Abdulghani, muna Jidda, mahaifinmu Bawa ya rasu. Da ya zo kan ambulan sai ya tsaya. Ba shi da lambar akwatin gidan waya, ba shi da sunan titi. Ya rubuta Usuman Masinja, Majalisar Wakilai, Ikko, Nijeriya. Ya yi niyyar ƙara “Bagobiri”, sai ya ga kamar bai dace a sa sunan ƙabila a bayan takardar da za ta shiga babban gidan gwamnati ba. Ya bar shi haka. Ma'aikacin da ya karɓa ya juya ambulan ɗin ya ce da Larabci, “Ba lamba? Wannan sai Allah.”

Bayan wata biyu amsa ta zo. Shafi uku na ajami. Mutumin ya ce shekara da shekaru yana ba alhazai sallahu su tambayar masa labarin uwarsa A'ishatu, yau Allah ya karɓa. Ya ce wani kawunsa Na'ibi ne ya riƙe shi a Zariya, bai san uba ba, sunansa ma sai yanzu ya ji ana ce masa Bawa, shi Abubakar aka gaya masa. A'i ta ce wataƙila da kakar ta rasu fatake suka yi kudu da yaron, kuma wanda ya tashi a hannun mutane ba a kama shi da sunaye. A saman takardar akwai cikakken adireshin majalisar da aka buga da inji, har da lambar jakar gidan waya. Abdulghani ya haddace shi tun ranar.

Shekara takwas ana wannan wasiƙa, duk wata biyu ko uku. Usuman mai son ba da labari ne, kuma yawancin labarinsa na ginin da yake aiki ne. Ya ce ginin yana fuskantar filin sukuwa. Ya ce akwai zauren da wakilai ke zama a kujeru masu laushi, da bene inda baƙi ke hawa su kalli muhawara, da wata sanda mai nauyi da ake shigowa da ita gaban shugaban majalisa, wadda in ba a ajiye ta ba ba a fara magana. Shi aikinsa ɗaukar takardu daga wannan ofis zuwa wancan, da karɓo buhun wasiƙu da safe. Shekarar samun 'yancin kai ya aiko hoton ginin, ma'aikata sun jeru a matakala sahu huɗu, ya sa alamar tawada a saman kansa. Fuskar ba ta fi ƙwayar wake ba. A'i ta karɓi hoton ta sa ƙarƙashin matashi, ba ta duba shi a gaban kowa ba.

Abdulghani ya zama masanin majalisar Ikko a bakin gidan waya. Mutane kan zo su ce a rubuta wa wakilin garinsu kan fasfo ko kan gonar gado, shi kuwa ya zuba adireshin da ka ba tare da ya duba ba. Har ba'a ake masa, ana ce masa ɗan majalisar Sharafiyya.

Akwai abu ɗaya da ya ɓoye, kuma sai da muka shekara da yawa tare ya gaya mini. A wata wasiƙa ta 1961 Usuman ya rubuta, “Inna, kin tuna dutsen da ke bayan gidanmu a Kauru, inda kike shanya barkono?” Abdulghani ya san Kauru ƙasar Zazzau ce, ya kuma san uwarsa ba ta taɓa ambatar ta ba. Yana karanta mata da ƙarfi ya iso layin, ya dubi fuskarta, ya ga yadda ta rufe ido tana saurare. Sai ya tsallake. Ya gaya wa kansa yaro ne ya haɗa garin da ya tashi da garin da aka haife shi.

A goman ƙarshe na azumin 1966, bayan la'asar, Abdulghani yana tattara kayansa sai ya ga mutane sun yi cincirindo a shagon wani mai gyaran rediyo. Wani Bakano ya fito yana salati hannu a ka. Sojoji sun yi juyin mulki a Nijeriya, an kashe manya, ba a san iyakar abin ba. Kwana biyu bayan nan aka ce an dakatar da majalisa. Abdulghani ya ce shi bai taɓa sanin ana iya rufe irin wannan gida ba. A tunaninsa kamar masallaci ne, ko kamar gidan waya. Ya tambayi Bakanon, “To masinjoji fa? Su ina za su?” Mutumin ya dube shi kamar ya zare.

Ya aika wasiƙa uku a jere. Biyu shiru. Ta ukun ta dawo masa da kanta, an buga mata hatimi an ja layi a kan sunan. A'i ta daina cin abincin kirki. Ba ta tambaya, amma duk yamma in ya shigo sai ta dubi hannunsa.

Ana saura kwana tara a hau Arfa, da hantsi, wani dogon mutum mai furfura a gemu ya tsaya gaban teburin, riƙe da jakar alhazai. Bai zauna a tabarma ba. Ya ce, “Kai ne Abdulghani?”

“Ni ne, Alhaji. Wasiƙa ce?”

“Ni ne Usuman.”

Abdulghani ya ture akwatin, tawada ta zube, suka rungume juna a bakin titi suna kuka. Usuman ya ce da aka rufe majalisa an rarraba ma'aikata, shi aka ce ya jira a gida, ya jira ya gaji, ya ga ba abin da ya rage masa a Ikko da ya fi ganin uwarsa. Jiya jirginsu ya sauka. Sansanin alhazai ba nisa da Sharafiyya, da ƙafa suka tafi, Abdulghani yana riƙe da hannunsa duk hanya yana cewa, “Yalla, Yaya, yi sauri,” kamar wani zai ƙwace shi.

Zaituna matar Abdulghani ce ta fara ganinsu, ta saki guɗa. A'i ta fito daga ɗaki tana gyara mayafi. Usuman ya zube a ƙasa ya ce, “Inna.”

Ta tsaya a bakin ƙofa. Ta dube shi, ta matso, ta kama haɓarsa ta juya fuskar wajen haske, dama da hagu. A'i tana da tsagar Gobirci, layuka daga gefen baki har kusa da kunne. Fuskar mutumin kuwa sumul take, sai bille ɗaya a kuncin hagu. Ta saki haɓar a hankali.

“Abdulghani, wane ne wannan?”

“Inna, Yaya ne. Yaya Usuman.”

“A'a.”

Guɗar Zaituna ta tsaya. A'i ta ce, “Nawa yana da irin tsagata. Ni na riƙe ƙafafunsa ranar da wanzami ya yi masa. Bawan Allah, kai ɗan wane gari ne?”

“Kauru aka haife ni, Inna. Ai na rubuta miki.”

“Ban taɓa zuwa Kauru ba.”

Abdulghani ya jingina da bango. Mutumin yana durƙushe inda yake, bakinsa a buɗe, yana duban A'i yana duban Abdulghani. Can ya ce da wata ƙaramar murya, “Amma sunanki A'ishatu. Kin tafi gabas.”

“Mu da muka tafi gabas muna da yawa, ɗan nan. A'i ma muna da yawa.”

Sai Usuman ya dafe kai ya ce, “Bagobiri. Inna lillahi. Akwai Bagobiri.” Ya ce a shekarar da wasiƙar farko ta zo, masinjoji biyu ne masu suna Usuman a majalisar. Ɗayan mai tsaga ne, Bagobiri ake ce masa, kuma ya bar aikin 'yan makonni kafin nan ya koma reluwe. Buhun wasiƙu kuwa shi wannan Usuman ɗin ke karɓowa. Ya ga sunansa, ya buɗe, ya ga A'i, ya ga gabas. Bai taɓa kawo wani abu a ransa ba.

Abdulghani ya buɗe baki ya faɗi nasa: kalmar da ya ƙi sa wa a ambulan, da layin da ya tsallake. A'i ta dube shi duban da ya ce bai manta ba har ya tsufa. Ba ta zage shi ba. Ta juya ta ce wa Zaituna, “Kawo masa ruwa. Baƙo ne, daga nesa yake.” Ta koma ɗaki ta saki labule.

Usuman ya so komawa sansani, Abdulghani ya hana shi. Ya kwana uku a gidan, yana cin abinci kaɗan, ba ya haɗa ido da kowa. Da aka gama aikin hajji Abdulghani ya rufe teburinsa ya bi shi Makka. Ya ce abin da zai iya yi ke nan. Suka shiga unguwannin Hausawa gida gida suna tambayar wata A'i 'yar Kauru da ta zo da ƙafa tun zamanin da. Rana ta biyar aka kai su wajen wata tsohuwa, Jamilatu, mai sayar da gyaɗa a Misfala.

“A'in Kauru?” in ji ta. “Ɗakinmu ɗaya shekara goma sha biyu. Kai ne Usuman?”

Ya gyaɗa kai.

“Kai, ɗan nan, ina ka shige? Duk shekara in alhazan Zazzau sun zo sai ta bi su masauki masauki. Sau ɗaya wani ya ce mata yana jin kana Ikko, ta rasa wanda zai ba ta adireshi. Shekara huɗu ke nan da rasuwarta. Zazzaɓi na kwana shida.”

Usuman ya zauna a ƙasa a tsakiyar lungun, mutane suna ratsa shi. Ya ƙirga da yatsu, ya sake ƙirgawa. Ya ce, “Tana nan da rai shekara huɗu ina rubuta wasiƙa Jidda.” Ya ce da can duk shekara yana ba alhazai sallahu, amma tun ranar da takardar Abdulghani ta zo ya daina, tunda ya samu. Abdulghani ya durƙusa gabansa ya ce, “Yaya, ka yi mini duk abin da ka ga dama.” Usuman ya girgiza kai kawai. Abdulghani ya ce da marinsa ya yi da ya fi masa sauƙi.

Jamilatu ta raka su maƙabarta. Ba ta iya nuna kabarin ba, kaburburan duk iri ɗaya ne ba suna, sai ta nuna musu ɓangaren da take zato. Nan suka tsaya suka yi addu'a.

Ranar da jirgin su Usuman zai tashi ya biyo Sharafiyya yin sallama. Ya tsaya daga zaure ya ce a gaida Hajiya, a ce ta yafe masa. A'i ta fito da kanta da ƙullin dabino. Ta ce, “Usuman, shigo ka zauna.” Abdulghani ya juya da sauri, domin tun da aka haife shi bai taɓa jin wannan suna a bakinta ba. Ta ce, “Shekara takwas kana gaishe ni, ba wanda ya tilasta ka. In ka koma kada ka daina. In kuma Allah ya haɗa ka da wancan, ka ce masa ina nan.”

Ya neme shi kuwa. Ƙasar ta rikice, yaƙi ya ɓarke, sai 1968 ya same shi a wata tashar jirgin ƙasa a arewa yana aikin ba jirage hannu. Usuman Bagobiri ya saurari labarin duka, sannan ya sa aka rubuta masa layi huɗu: ya ji, ya gode, yana da iyali, Allah ya sada fuskoki da alheri. Abdulghani ya karanta wa uwarsa takardar, ya juya bayanta ko akwai ƙari, babu. Wannan karon ya ce mata, “Halas, Inna, iyakarta ke nan.” Ta ce ya sake karantawa. Ya sake. Ta ce, “Yana da gaskiya. Shekara huɗu gare shi lokacin da muka tafi.”

Bagobirin ya ƙara rubutowa sau biyu, duk gajeru, bai zo ba. Ɗayan kuwa, wanda aka mayar da shi aiki a wata ma'aikata, bai fasa ba har A'i ta rasu a 1971. Abdulghani ya rubuta musu rasuwar su biyun rana ɗaya, da kalmomi iri ɗaya.

Ni bayan wancan aikin hajji na 1966 na san shi, kuma mutumin da na sani ba mai sauƙin sha'ani ba ne a kan teburinsa. In ka zo da sunan mutum da gari kawai sai ya ajiye alƙalami ya yi ta tambayarka: ɗan wa, jikan wa, wace unguwa, mene ne laƙabinsa, akwai wani mai irin sunan a wurin? Wasu su yi fushi su tafi wajen wani katibin. In an kawo masa wasiƙa ya karanta, ko da mummunan labari ne ko zagi, yakan karanta ta tas, ya nuna wa mai ita da yatsa inda ta ƙare. Na taɓa ganin wata mata ta tashi tana kuka tana ce masa ba shi da tausayi. Ya bi ta da ido.

Zuwa ƙarshen shekarun saba'in idonsa ya raunana, mutane kuma suka koma ɗaukar murya a kaset suna ba alhazai su kai gida. Ya bar bakin gidan waya, ya samu aikin rubuta sunayen motocin da ke shiga wani sito a Khumra, suka tashi daga Sharafiyya suka koma unguwar Mahjar kusa da 'yarsa. Na kai masa ziyara can sau ɗaya, ranar wata Juma'a. Na same shi a ƙofar gida jikokinsa suna masa surutu da Larabci yana amsa musu da Hausa. Muka sha shayi, ya tambaye ni mutanen tsohuwar unguwa ɗaya bayan ɗaya, wa ya rasu wa ya tashi. Da zan tafi ya rako ni har bakin titi, ya tsaya tare da ni a rana sai da na samu mota.